Daga Hasumiyar Hamburg Zuwa Baƙaƙen Duwatsun Dresden

Na isa birnin Hamburg na Jamus cikin Fabrairun 2025, sanyi na ratsa ƙashi, kuma wurin da na fara nufa shi ne kangon cocin Nikolai, 'yar tafiya kaɗan daga tashar Rödingsmarkt. Coci ne babu rufi, babu kujeru, babu taga. Abin da ya rage tsaye shi ne hasumiyarsa, baƙa ƙirin, mai tsawon mita 147, wadda daga 1874 zuwa 1876 babu ginin da ya kai ta tsawo a duniya. Tsawon nan ya sa matuƙan jiragen yaƙin Birtaniya suka riƙa gane tsakiyar gari da ita a 1943, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. Bayan yaƙi an rushe akasarin abin da ya saura na zauren, aka bar hasumiyar da guntayen bango da gangan, don kowa ya gani.

An sa lif na gilashi a cikinta, yana kai mutum mita 76 sama. A can an kafa hotunan 1943 daidai saitin inda ido zai kalla. Ka dubi hoto, ka ɗaga kai ka dubi gari. A hoton, gidaje ne masu hawa biyar da shida tsaye kamar ƙwarya da aka kwashe cikinta: bango na nan, ciki babu komai. Wannan siffa ita ce shaidar cewa wuta ce ta ci garin. Bam mai fashewa kayar da bango yake yi, wuta kuwa katakon bene da rufi take cinyewa ta bar bulo a tsaye.

A ɗakin ƙarƙashin cocin akwai gidan tarihi, kuma tsarinsa ya burge ni. Kafin a kai ka ga Hamburg sai an bi da kai ta Warsaw, wadda jiragen Jamus suka yi wa ruwan bama-bamai a 1939, da Coventry ta Ingila, wadda suka ƙona daren 14 ga Nuwamba 1940. Sai ka gama ganin wannan sannan a nuna maka abin da ya dawo wa masu gidan. Sunan da Birtaniya ta sa wa farmakin shi ne Gomorrah, ɗaya daga biranen mutanen Annabi Luɗu kamar yadda sunan ya zo a Attaura. Wanda ya zaɓi wannan suna ya san abin da yake nufin yi.

An fara daren 24 ga Yuli 1943, aka ci gaba har 3 ga Agusta, Birtaniya da dare, Amurka da rana. Daren farko aka fito da wata dabara: jirage suka riƙa watso siraran takardu masu rufin alminiyum, kowace tsawonta kamar santimita 27, dami-dami. Na'urorin rada na Jamus suka ga sama ta cika da jirage dubbai, bindigogin kakkaɓo jirage suka rasa abin saitawa. Amma daren da ake kuka da shi har yau shi ne na 27 wayewar 28.

Ƙona birni aiki ne mai tsari, kuma sai an san tsarin ake gane abin da ya faru. Jiragen farko su ne masu alama, suna sakin fitilu masu launi da ke saukowa a hankali, Jamusawa na ce musu bishiyoyin Kirsimeti. Bayansu sai manyan bama-bamai masu nauyin kilo 1,800, masu siririn ƙarfe, waɗanda ba don su huda ƙasa aka ƙera su ba. Aikinsu iska: su yaye rufi, su farfasa tagogi, su ɓalle ƙofofi, gida ya koma kamar murhu a buɗe sama da ƙasa. Sannan a zubo ƙananan sandunan wuta, kowace ba ta kai kilo 2 ba, jikinta na ƙarfen magniziyam ne mai ci da kansa, dubu ɗaruruwa a dare ɗaya. Suna faɗawa cikin rufin da aka yaye su kama katako. A tsakani ana jefa masu fashewa don su fasa bututun ruwa, su toshe titi, su hana 'yan kwana-kwana fitowa. Sandar wuta ɗaya bokitin yashi ya ishe ta idan an same ta cikin mintunan farko. Duk dabarar ita ce a hana mutum waɗannan mintuna.

Daren 27, abubuwa suka haɗu. An yi kwanaki ana zafi babu ruwan sama, iska ta bushe. Motocin kashe gobara da yawa suna yammacin gari suna fama da wutar harin farko. Jirage sama da 700 suka sauke kimanin tan 2,300 cikin ƙasa da awa ɗaya a kan unguwannin ma'aikata na gabas: Hammerbrook, Rothenburgsort, Hamm, Borgfelde, inda gidaje ke manne da juna, da gawayin girki a ajiye a ƙarƙashinsu. Gobara dubbai suka haɗe suka zama ɗaya. Duk wanda ya taɓa tsayawa a maƙera ya san sauran: iska mai zafi na tashi sama, sai ta jawo mai sanyi daga gefe, titunan suka zama zugazugi. Iskar ta tumɓuke bishiyoyi, ta riƙa fizgar mutane zuwa cikin wuta, kwalta ta narke tana riƙe ƙafa. Mafi yawan waɗanda suka mutu ba wutar ce ta taɓa su ba. Suna zaune ne a ɗakunan ƙarƙashin ƙasa kamar yadda hukuma ta umarta, sai wutar ta zuƙe iskar shaƙa, ta cika ɗakunan da irin gubar nan da janareta ke fitarwa, mai kashe iyali a ɗaki rufe ba tare da kowa ya yi ihu ba. Wanda ya tsira shi ne wanda ya saɓa umarni da wuri, ya jiƙa bargo ya lulluɓa, ya nufi fili ko bakin ruwa.

Na shiga jirgin cikin gari zuwa Hammerbrook. Kafin yaƙi mutum sama da 40,000 ke zaune nan. Yau ofisoshi ne da wuraren ajiye mota, da yamma ka yi ta tafiya ba ka ji kukan yaro ba. Bayan gobarar an kewaye unguwar da katanga aka hana shiga, kuma fursunonin sansanin gwale-gwale na 'yan Nazi da ke Neuengamme aka tilasta wa kwashe gawarwaki da tono bama-baman da ba su tashi ba. A Rothenburgsort, cikin wannan kufai, wata makaranta a titin Bullenhuser Damm ta tsira. A ƙarƙashinta dakarun SS na 'yan Nazi suka rataye yara Yahudawa 20 daren 20 ga Afrilu 1945, bayan an yi gwajin cuta a jikinsu. Akwai lambun furanni a bayanta yanzu. Tazarar da ke tsakanin wurin da aka zalunci mutanen Hamburg da wurin da aka yi zalunci da sunansu ba ta wuce tafiyar ƙafa ba.

A Hamm da Barmbek kuwa, ka riƙa duban gefen ƙofofi. Akwai ƙananan allunan jan yumɓu a bango, kowanne da shekara biyu: shekarar da aka rushe gidan, kusan kullum 1943, da shekarar da aka sake gina shi, 1950 da wani abu. Na ƙirga su a titi ɗaya har na daina. Mamatan suna maƙabartar Ohlsdorf, wadda girmanta ya sa motar bas ke yawo a cikinta. Manyan ramuka huɗu ne a shimfiɗe kamar gicciye, ciyawa a kai, mutum kusan 37,000 a ƙasa. Babu sunan kowa a kan manyan katakan da aka gitta, sai sunan unguwa.

Daga Hamburg jirgin ƙasa mai zuwa Prague yana bi ta Berlin ya sauke ka Dresden cikin awa huɗu da wani abu. Na tsara in kwana can ranar 13 ga wata, cikar shekara 80 da harin bama-baman da ya ƙona garin.

Dresden ta kai farkon 1945 kusan lafiya lau, har mutanenta suka sakankance. An kwashe bindigoginta na kakkaɓo jirage an kai bakin daga. Ba a gina wa jama'a maɓoya masu ƙarfi ba, sai dai shugaban 'yan Nazi na jihar, Martin Mutschmann, ya sa an gina masa tasa a gidansa. Abin da aka yi wa talaka shi ne huda bangon da ke tsakanin ɗakunan ƙarƙashin gidaje, a toshe da siririn bulo, wai in gida ya kama a fasa a shiga na maƙwabci. Daren gobarar waɗannan hanyoyi suka zama bututun hayaƙi, mutane suka cushe a cikinsu daga ɓangare biyu. Ga kuma 'yan gudun hijira daga gabas, masu gudun sojojin Sobiyet, cike da tasha.

Daren 13 ga Fabrairu 1945, masu alama sun saita filin ƙwallo na Ostragehege, jirage 244 ƙirar Lancaster suka bi ta kansa suka bazu kamar mafici a kan tsohon gari, daga ƙarfe 10:13 na dare, cikin minti 15. Sai aka bar awa uku. Wannan jinkiri lissafi ne: a bari 'yan kwana-kwana su fito, masu agaji su shigo daga garuruwan kusa. Bayan ƙarfe 1 na dare jirage 529 suka iso, kuma bama-bamansu sun sauka har a babban lambun gari da kewayen tasha, inda waɗanda suka kuɓuta daga harin farko suka taru. Da rana ta 14 jiragen Amurka sama da 300 suka biyo, aka ƙara a ranar 15.

Ana yawan cewa Dresden gari ne na zane da kiɗa kawai, babu ruwansa da yaƙi. Ba haka ba ne: mahaɗar layin dogo ce babba, tana da masana'antu irin su Zeiss Ikon masu yi wa soja aiki, tana da bariki a arewa. Sai dai daren 13 ba barikin aka saita ba, tsakiyar gari aka saita, inda mata da yara da tsofaffi ke kwana. Ni a wurina wannan zalunci ne, kuma faɗin haka bai rage wa 'yan Nazi ko ƙwayar zarra daga nasu ba. Shi kansa Churchill, firaministan Birtaniya na lokacin, a wata takarda ta 28 ga Maris 1945, ya nuna shakku kan ci gaba da irin wannan hari.

Abin da ya fi riƙe ni a garin shi ne cocin Frauenkirche. George Bähr ya tsara shi, aka gina tsakanin 1726 da 1743, da ƙubba ta dutse zalla mai nauyin kimanin tan 12,000 a kan ginshiƙai takwas. A 1760 igwar Farusiya ta yi ta dukan ƙubbar ba ta faɗi ba. A 1945 ma ba bam ne ya kayar da ita ba. Wuta ce ta shiga ta tagogi ta kama kujeru da benayen katako, ta yi ta ci. Dutsen yashi ba ya jure irin wannan zafi, yana ɓarewa ne falle-falle kamar albasa. Ginshiƙan suka yi ta sirancewa har safiyar 15 ga wata, wajen ƙarfe 10, ƙubbar ta rufto. Gwamnatin Jamus ta Gabas ta bar tarin duwatsun a tsakiyar gari shekara da shekaru, a matsayin shaida kan Amurka da Birtaniya. Amma ranar 13 ga Fabrairu 1982 matasa suka taru a wurin da kyandir, ba da izinin hukuma ba, kangon ya koma wurin masu neman zaman lafiya da 'yanci.

Bayan faɗuwar katangar Berlin, wasu 'yan gari ƙarƙashin mai busa ƙaho Ludwig Güttler suka yi kira ga duniya a 1990. Aikin ya fara da kwashe tarin, kimanin kubik mita 22,000, daga 1993, kuma ba da katafila aka yi shi ba. An raba wurin gida-gida, duk dutsen da ke da siffa a auna inda ya faɗi, a ɗauki hotonsa, a manna masa lamba, a jera shi a kan manyan kantoci a dandalin Neumarkt. Daga inda dutse ya faɗi, da siffarsa, da tsofaffin zane-zanen gyaran da aka yi kafin yaƙi, kwamfuta ta taimaka aka gano mazauninsa na asali. Sama da 8,000 aka tsamo na fuskar bango, kimanin 3,500 suka koma. Sauran wuta ta riga ta cinye ƙarfinsu, ba za su ɗauki nauyi ba. Injiniyoyin sun kuma gyara kuskuren Bähr: shi ya zaci nauyin ƙubbar zai bazu har bangon waje, amma ginshiƙan ciki suka ɗauke mafi yawansa, shi ya sa suka yi ta tsagewa tun ƙarni na 18. A sabon ginin an zaɓi dutse mafi ƙarfi don ginshiƙai, an sirantar da kwaɓin da ke tsakanin duwatsu, an ɗaura ɗamarar ƙarfe mai rarraba nauyi. Saboda kwaɓi ba ya kamawa cikin tsananin sanyi, an yi wa wurin aikin rufi wanda ake ɗagawa sama yayin da gini ke tashi. An buɗe cocin 30 ga Oktoba 2005, a kan kuɗi kimanin yuro miliyan 180, fiye da rabi gudummawar jama'a.

Ka tsaya a dandalin ka dube shi: jiki ruwan ƙasa mai haske, da ɗigo-ɗigon baƙi kamar zanen zabuwa, sai ɓangarori biyu manya baƙaƙe da suka tsaya tun 1945. Baƙi da yawa na zaton toka ce ta gobara. Ba ita ba ce. Dutsen kwarin kogin Elbe yana da ƙarfe a jikinsa, shekaru ne ke baƙanta shi. Wato sababbin ma za su yi duhu, wata rana ba za a iya bambancewa ba. Na sa hannu a inda tsoho ya haɗu da sabo kusa da wata ƙofa: tsohon gefensa a ciccije, sabon an yanka shi daidai da kowace cizgewa don su zauna tare. A ciki, hannun dama, ga tsohon gicciyen ƙubba da aka tono cikin tarin a 1993, a murɗe, a ƙone. Sabon da ke sama mutanen Birtaniya suka biya kuɗinsa, kuma maƙerin da ya yi aikin a Landan, Alan Smith, mahaifinsa na cikin matuƙan da suka kai harin.

Rigimar Dresden ta fi zafi a kan adadi. A dandalin Altmarkt, tsakanin duwatsun daɓe, akwai rubutun ƙarfe da mutum zai iya takawa bai lura ba, yana cewa a nan aka ƙona gawa 6,865. An jera ƙarafan dogo ne aka tara su a kai, don tsoron annoba. Wani rahoton 'yan sanda na Maris 1945 ya ce an ƙirga 20,204. Mutanen Goebbels, ministan farfagandar 'yan Nazi, suka ƙara sifili ɗaya a ƙarshe, ya zama 202,040, aka watsa ta jaridun ƙasashen da ba sa yaƙi. Ƙaryar ta fi gwamnatin da ta haife ta tsawon rai. Marubucin Birtaniya David Irving ya yaɗa 135,000 a shekarun 1960, masu ra'ayin Nazi na yau kuma suna riƙe da dubu ɗaruruwa don su ce an yi kunnen doki da kisan Yahudawa. A 2004 birnin ya kafa kwamitin masana tarihi. Sun bi rajistar maƙabartu, takardun mutuwa da na ɓacewa, da bayanan tone-tonen gine-gine, sun kuma gwada da'awar cewa dubbai sun zama toka babu alama, suka ga zafin ɗakunan ƙarƙashi bai kai haka ba. Sakamakon 2010: ba su wuce 25,000 ba. Mutum 25,000 cikin kwana biyu ba ya buƙatar ƙari.

A maƙabartar Heidefriedhof, inda aka binne mafi yawansu da tokar Altmarkt, akwai da'irar ginshiƙai 14 daga zamanin Jamus ta Gabas. Sunan Dresden na tsaye sahu ɗaya da Coventry da Rotterdam da Leningrad, har da Auschwitz, sansanin da 'yan Nazi suka yi wa Yahudawa kisan kiyashi. Wannan jeri bai kwanta mini ba, kuma 'yan garin da yawa sun daɗe suna sukarsa. Malamin jami'a Victor Klemperer, ɗaya daga 'yan tsirarun Yahudawan da suka rage a Dresden, ya yini ranar 13 yana raba wa 'yan uwansa Yahudawa takardun umarnin kwashe su ranar 16. Gobarar da ta kashe maƙwabtansa ita ta ba shi damar cire tauraron rawaya, alamar da aka tilasta wa Yahudawa sawa, daga rigarsa ya ɓace cikin 'yan gudun hijira. Wurin ibadar Yahudawan garin kuwa tun Nuwamba 1938 aka ƙona shi, kuma ba daga sama wutar ta zo ba.

Da ƙarfe 6 na yamma ranar 13 na shiga sarƙar hannu. Tun 2010 ake yin ta, bayan shekarun da 'yan Nazi na zamani suka riƙa tara dubbai suna maci da sunan makoki. Dubban mutane suka kewaye tsohon gari, har kan gadoji, da farar fure a ƙirji, aka riƙe hannu na 'yan mintuna. A hannuna na hagu wata tsohuwa ce da safar ulu, ba ta ce komai ba, ni ma haka. Ƙarfe 9:45 na dare, lokacin da jiniya ta yi kuka a 1945, ƙararrawar duk cocin garin suka tashi tare, mutane na ajiye kyandir a gindin Frauenkirche.

Da safe na bi gaɓar Elbe zuwa gadar Carola, wadda wani ɓangarenta ya rufta cikin kogi a Satumba 2024. Wajen rushe ta, cikin Janairun 2025, katafila ta tono bam na Birtaniya mai kilo 250, aka kwashe kimanin mutum 10,000 daga tsakiyar gari kafin a kwance shi. Wannan ba sabon abu ba ne a Jamus. A Frankfurt a 2017 an fitar da sama da 60,000 saboda bam ɗaya. Kafin a haƙa harsashin gini a irin waɗannan garuruwa, sai an duba hotunan da jiragen leƙen asirin Birtaniya da Amurka suka ɗauka bayan kowane hari: babban rami bam ne da ya tashi, ƙaramin ɗigo a gefensa shi ne abin tsoro. Sannan a bi da na'urar gano ƙarfe.

Mafi muni shi ne mai makunnin jinkiri. A gindinsa akwai 'yar kwalba ta asiton, ruwan nan na goge jan farce. Lokacin faɗowa kwalbar na fashewa, ruwan ya riƙa cin wani faifan roba da ke riƙe da allurar da ke kan sifirin, bayan awoyi ko kwanaki faifan ya sake, bam ya tashi. A ƙasa mai laushi da yawa sun nutse suka lanƙwasa, hanci ya dawo sama, ruwan ya gangara nesa da faifan. Suna nan kwance, robar na tsufa, kuma an yi musu kunama mai tayar da su idan aka yi ƙoƙarin kwance makunnin. Irin wannan ne ya kashe ma'aikata uku a Göttingen a 2010. Yanzu sukan yanke makunnin daga nesa da ruwa mai tsananin matsi gauraye da yashi, in bai yiwu ba a tayar da bam ɗin a inda yake. A Munich a 2012 an lulluɓe wani da damin ciyawa don rage ƙarfinsa, ciyawar ta kama wuta ta faɗa kan rufin maƙwabta, shi ya sa aka fi dogara da yashi da manyan jakunkunan ruwa. A bakin gadar Carola, lokacin da na wuce, katafilolin sun koma aiki, suna kwasar ƙasan kogi kaɗan-kaɗan, ana duba abin da kowane cokali ya fito da shi.